Mu tara za mu je Gdansk kwana huɗu, waɗanda suka san garin dan Allah a taimaka da shawara

Bazazzagi_Berlin

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da warhaka. Shawara nake nema wajen 'yan uwa da ke Polan ko duk wanda ya taɓa taka Gdansk. Mu tara ne, tare muka yi jami'a a gida, yanzu kowa ya kama gabansa, huɗu muna Jamus, uku suna Polan, biyu Warsaw ɗaya Lublin, sai mata da miji a Ingila da 'yarsu mai shekara biyu, in an ƙirga da ita mu goma kenan. Shekara uku ana cewa za a haɗu, kullum a guruf ɗin WhatsApp sai in sha Allah bana, in sha Allah baɗi, to bana dai sun taru sun rataya min jakar tsaba wai ni ne shugaban tafiya.

Gdansk muka zaɓa saboda akwai teku, akwai jirgin ƙasa daga Berlin kai tsaye, kuma an ce da sauƙi in ka kwatanta da Faris ko Amsterdam. Muna so mu shiga Alhamis ta farkon Agusta mu fito Litinin. Abin da ya ɗaure min kai, otal za mu kama ko gida guda mu haɗu duka, kuma wace unguwa, sannan ya maganar abinci da masallaci don Juma'a za ta riske mu a can, kuma ɗaya daga cikinmu ya dage sai an je garuruwan Malbork da Sopot da Hel da Gdynia na yankin duk a kwana huɗun nan, ni kuma ina ganin abin ya yi yawa. Su yuro suke karɓa ko kuwa? Allah ya saka da alheri.

Kawu_Gdynia

Wa alaikumus salam ƙanina. Shekara bakwai ina Gdynia, rabin awa da 'yan mintoci ne a jirgin ƙasa na SKM zuwa Gdansk, don haka garin kamar tafin hannuna yake. Abu na farko, goge farkon Agustan nan. Akwai wata kasuwar shekara-shekara da suke kira Jarmark Dominika, tun 1260 ake cinta, tana farawa ƙarshen Yuli ta kai tsakiyar Agusta, sati uku cur. Lokacin nan tsohon gari ba masaka tsinke, rumfuna ko'ina, kuɗin masauki ya yi tashin gwauron zabi, ku kuma ga yarinya a keken jarirai. Mutum ɗaya ko biyu za su ji daɗinta, amma mutum tara rabin yinin zai tafi ne a "kana ina? ni ina wajen mai sayar da cuku". Ni da ku ne sati na biyu na Satumba zan zo, yaransu sun koma makaranta, farashi ya sauko, sanyi bai kankama ba tukuna. Yuni ma yana da kyau sai dai rana tana kaiwa bayan tara na dare bata faɗi ba, ƙarfe huɗu da 'yan mintoci kuma ta fito, tsakanin Isha da Asuba kamar ƙiftawar ido, kwana biyu za ku fara layi a titi don barci.

Masauki kuwa gida za ku kama mai kicin, amma ba guda ɗaya ba, biyu a gini ɗaya ko kusa da juna, mata da yarinya nasu, maza nasu. Mutum tara da banɗaki ɗaya ga alwala ga wanka, ba za ku fita kafin azahar ba wallahi. Ku duba Wyspa Spichrzow, tsibiri ne a tsallaken kogin Motlawa inda a da rumbunan hatsi suke, yanzu duk sababbin gine-gine ne masu lif, minti biyar a ƙafa kun shiga tsakiyar tsohon gari. In kun ga gida a kan titin Dluga ko Mariacka hotonsa ya ɗauke muku hankali to ku tambaya ko akwai "winda", lif kenan, don da yawa hawa huɗu ne matattakala siririya, kuma su hawan ƙasa parter suke ce masa basa ƙirga shi, in an ce hawa na uku to na huɗu za ka hau. In aljihu bai kai ba ku koma Wrzeszcz, unguwar ɗalibai ce, tasha biyu-uku ce daga tsakiya kuma jirgin ƙasan da ke fitowa daga filin jirgin sama nan yake tsayawa.

Sai abu ɗaya da nasan halinmu, akwai abin da suke kira cisza nocna, daga goma na dare zuwa shida na safe ba hayaniya. Abokai da suka shekara uku basu ga juna ba in aka fara labarin makaranta da ƙyaƙyata dariya ƙarfe ɗaya na dare, wata tsohuwa a hawan ƙasa sai ta kira muku 'yan sanda, ba wasa take ba.

Masallaci akwai, na gaske mai ƙubba da hasumiya, a ɓangaren Oliwa kan titin Abrahama. Ni da farko na ɗauka sunan Annabi Ibrahim aka sa wa titin saboda masallacin, ashe wani mutumin yankin ne Antoni Abraham. Tatar ne suka gina shi, Musulmin da suka fi shekara 600 a wannan ɓangaren na duniya, an aza harsashi 1984 aka buɗe 1990. Ba shi da girma sosai, ku fito da wuri, kuma ku duba lokacin huɗuba a satin da za ku zo don yana canjawa. In an idar ga lambun Oliwa nan kusa, yarinya ta yi guje-gujenta.

Kuɗinsu zloti ne ba yuro ba, yuro ɗaya zloti huɗu da ɗoriya. Kati yana aiki kusan ko'ina har wajen mai askirim.

Maman_Iman

Yaya Bazazzagi sannu da ɗawainiya, Allah ya ba da lada. Ni maganar kuɗi zan yi maka don an taɓa dafa ni. Shekaran jiya-jiyan nan, bara, ni na shirya mana mu takwas mata zalla, Gdansk ɗin nan dai, kowa na turo hoton zuciya da "ina ciki ɗari bisa ɗari", na ɗauki katina na biya gida kwana uku irin wanda ba a mayar da kuɗi don ya fi araha. Saura kwana goma uku suka zame, ɗaya wai jarabawa, ɗaya mijinta ya ce a'a, ɗayar ko amsa saƙo ta daina sai dai in ga ta karanta. Mu biyar muka raba kuɗin mutum takwas, har yau akwai wadda gaisuwarmu bata koma daidai ba.

Don haka kar ka biya ko sisi sai kowa ya turo kafin alƙalami, ka sa rana ka ce wanda bai turo ba zuwa ranar ba shi a lissafi, kuma ka rubuta ƙarara cewa wanda ya fasa kuɗinsa ya tafi. Za su ce ka cika tsanani, bari su faɗa. Kuma ka kama gidan da ake iya sokewa kyauta ko da ya ɗan fi tsada. Tikitin jirgi kowa ya sayi nasa da kansa, kar ka yarda ka saya wa kowa, don in harafi ɗaya ya kuskure a sunan mutum kai za a kama. Kuma kar shugaba ya zama shi ne ma'aji, a ba wani, ku buɗe Splitwise, manhajar raba lissafin kuɗi, kowa ya ga abin da aka kashe.

In za ku cire kuɗi a na'ura ko za ku biya da kati ta tambaye ku zloti ko yuro, zloti za ku danna kullum, in ka danna yuro su za su yi maka canjin da farashinsu. Kantor kuma, wato 'yan canji, kar ku yi a filin jirgi.

Abinci yanzu. Daren farko muka shiga wani gidan abinci kusa da kogi, kafin ma mu yi oda aka ajiye mana burodi da wani farin abu a ɗan kasko da kokwamba mai tsami a gefe, ƙawata har ta lakato da wuƙa ta shafa tana cewa kai man shanunsu fari tas, ni kuma na ga wasu 'yan ƙwayoyi ja-ja a ciki hankalina bai kwanta ba na tambayi yarinyar, ta ce smalec. Kitsen alade ne narkakke! Allah ya tsare bata kai baki ba. To ku riƙe kalmomin nan, wieprzowina naman alade, boczek da skwarki su ma shi ne, "bez" kuma na nufin banda. Pierogi ɗinsu da kowa ke yabo, kamar ɗan wake ne mai ciki, akwai ruskie na dankali da cuku ba nama, amma sau da yawa sai a barbaɗa masa soyayyen alade a kai, sai ka ce bez boczku tun wajen oda. Miyar zurek da bigos ku haƙura da su. Shagunan kebab suna da yawa amma ba duka ne halal ba, ku tambaya.

Kifi shi ne rufin asirinku, dorsz da fladra, a bakin teku a Brzezno ko Sopot ana soya shi nan take. Sai dai farashin da ke jikin allo na giram 100 ne ba na faranti ba, mu ma sai da takardar kuɗi ta zo muka gane, kifi ɗaya giram ɗari uku da wani abu. Sannan ranar Lahadi manyan kantuna irin Biedronka da Lidl a rufe suke, doka ce tun 2018, sai ƙananan Zabka. Ku yi cefanen shinkafa da ƙwai da madarar yarinya tun Asabar.

Dogo_Leeds

Kowa na maganar kifi ba wanda ya yi maganar takardu. Mutanen Ingilan nan naku fasfo ɗin gida ne da su ko na Birtaniya? In koren fasfo ne to zaman Ingila ba ya ba su shiga Polan, sai sun nemi bizar Schengen su duka har yarinyar. Yuro 90 ne babba, yaro ƙasa da shekara shida ba ya biyan kuɗin biza amma ana cika masa takarda, ga inshorar lafiya ta yuro 30,000, ga shaidar masauki mai sunayensu a jiki, wanda ke nufin kai shugaba sai ka sa sunansu a takardar gidan. Ana iya nema tun saura wata shida, kuma wahalar ba bizar ba ce, samun ranar ganawa ce. Su fara yau.

Ku na Jamus ma kar ku ce ai Schengen ce ku fito da katin zama kawai, fasfo da kati tare, yanzu ana duba mutane a iyakar Jamus da Polan ta ɓangarorin biyu, kuma kun san wa ake fara tambaya a cikin tarago. Wanda katinsa ya ƙare yake riƙe da Fiktionsbescheinigung, takardar zama ta wucin gadi da Jamus ke bayarwa kafin sabon kati ya fito, ya duba wane sakin layi aka yi wa alama, na 4 ana fita a dawo, na 3 in ka fita ka fita kenan.

Bazazzagi_Berlin

Kai jama'a Allah ya biya ku. Kawu na gode, na kai maganar Satumba guruf an yarda banda mutum ɗaya mai son iyo, nace masa Baltik ce ba Legas ba. Anti Maman Iman wallahi kamar kin san abin da nake shirin yi, har na ciro kati jiya da daddare. Malam Dogo ka taɓo inda yake min ƙaiƙayi, koren fasfo ne da su, kuma cikinmu nan akwai mai Fiktion ɗin, na ce ya turo hoto mu gani. Saura maganar yawon, Malbork ɗin nan ya cancanci a kashe masa yini guda?

Malam_Na_Tarihi

Bazazzagi, in kun je Gdansk kuka ɓige da ɗaukar hoto gaban gidaje masu fenti kuka dawo, to kun yi asarar kuɗin mota. Gidajen nan ma da kuke gani a dandalin Dlugi Targ kamar sun shekara ɗari huɗu, yawancinsu bayan 1945 aka sake tayar da su, don yaƙi ya bar tsakiyar garin toka ne, kusan kashi 90 cikin ɗari ya rushe, da tsofaffin hotuna da zane-zane aka bi aka maido da fuskokinsu. Kafin nan sunan garin a bakin Jamusawa Danzig, kuma daga 1920 zuwa 1939 ba na Polan ba ne ba na Jamus ba, gari ne mai cin gashin kansa ƙarƙashin kulawar Majalisar Ƙasashe ta wancan lokacin. A nan Yaƙin Duniya na Biyu ya fara, asubahin 1 ga Satumba 1939 jirgin yaƙin Jamus Schleswig-Holstein, wanda ya shigo da sunan ziyara, ya buɗe wuta kan ɗan sansanin sojan Polan a Westerplatte. Su wajen ɗari biyu ne, suka riƙe kwana bakwai. Kakanninmu da aka kwasa zuwa Bama, wutar da ta kai su can a wannan bakin ruwan aka ƙyasta ta. Bas mai lamba 106 na zuwa, ko ku hau jirgin ruwan nan mai kama da na 'yan fashin teku daga bakin kogi, ya fi tsada amma za ku ratsa ta cikin tashar jiragen ruwa ku ga ƙugiyoyin lodi da idonku.

Gidan tarihin yaƙin an buɗe shi 2017, baje kolin yana ƙarƙashin ƙasa, awa uku ba ta isa in za ka karanta, Litinin kuma a rufe yake don haka kar ku bar shi sai ranar tafiya. Ba wajen yarinya ba ne gaskiya, iyayen su yi karɓa-karɓa.

Wanda ya fi taɓa ni shi ne gidan tarihin ƙungiyar ƙwadago ta Solidarnosc a bakin ƙofa ta 2 ta masana'antar ƙera jiragen ruwa. Agustan 1980 ma'aikata suka shiga yajin aiki suka kulle kansu a ciki, wani mai gyaran lantarki da aka kora daga aiki, Lech Walesa, ya shiga ya jagorance su, suka rubuta buƙatu 21 a jikin allunan katako suka rataye a ƙofa, ta farko ita ce a bar su su kafa ƙungiyar ƙwadago da ba ta ƙarƙashin jam'iyya. Ranar 31 ga watan gwamnatin kwaminis ta sa hannu. Allunan suna nan a ciki, rubutun hannu ne wani layin ma ya karkace, na daɗe tsaye a gabansu. Mutumin ya samu kyautar Nobel 1983, ya zama shugaban ƙasa 1990, filin jirgin da 'yan Ingila za su sauka sunansa ne. A waje kuma ga dogayen ginshiƙai uku na tunawa da ma'aikatan da aka harbe a Disambar 1970.

Malbork dole ne a ganina. Fadar jan bulo ce ta mayaƙan Tuton, ana cewa ba fadar da ta kai ta faɗin fili a duniya, ƙasa da awa ɗaya a jirgin ƙasa.

Kawu_Gdynia

Malam ya faɗi gaskiya kan tarihi amma a Malbork mun raba hanya. Malam shi kaɗai yake yawonsa da littafi a hannu, ku kuwa ayari ne. Fadar nan awa uku zuwa huɗu ce a tsaye ana hawa ana sauka, haɗa da zuwa da dawowa yini ya tafi, ga Alhamis ta tafi a hanya don daga Berlin kusan awa shida ne, Litinin kuma haɗa kaya, kwana uku ne da ku ba huɗu ba. Ni dai abu ɗaya babba a yini, sauran a bar kowa ya sha iska. Juma'a da safe Solidarnosc, daga nan masallaci, sai ku wuce Sopot tunda hanya ɗaya ce, ku taka gadar katakon nan mai tsawon sama da mita 500 da ta shiga cikin teku, ku ci kifi. Asabar tsohon gari, Lahadi a rabu biyu, masu ƙarfi su bi shawarar Malam su tafi Malbork, sauran Westerplatte ko barci. Hel a manta da shi, Gdynia kuma ni da nake cikinta nake ce muku ba sai kun zo ba.

A tsohon gari akwai cocin Mariacki, cikin manyan gine-ginen bulo na ibada a duniya, matattakalar hasumiyarsa ta haura 400, farkonta a murɗe take ƙunci kamar rijiya, mai ciwon gwiwa ya jira a ƙasa. Ku ga Zuraw a bakin kogi, ƙugiyar lodi ta katako tun ƙarni na 15, mutane ne ke shiga cikin manyan ƙafafun katako suna tafiya suna juya su kaya na hawa. Titin Mariacka kuma nan ake sayar da bursztyn, abin da Larabawa ke ce wa kahraman da ake carbi mai tsada da shi, ƙaron itace ne da ya daskare shekaru miliyoyi teku ke turo shi. Mata za su maƙale a nan, ku ba su awa guda. A saya a shago mai ba da takardar shaida, na teburin bakin titi akwai roba a ciki.

Tikitin tiram da bas daban, na SKM daban, wannan na kama baƙi sosai, in na takarda ne sai an buga shi a na'ura. Ku sauke Jakdojade a waya ta nuna muku komai. Ɗaliban Polan ɗinku in basu kai 26 ba suna da ragin kashi 51 a jirgin ƙasa da katin makaranta, ku na Jamus kar ku danna wannan ragin, mai duba tikiti ba ya jin "ban sani ba".

Bazazzagi_Berlin

To jama'a an tsayar, sati na biyu na Satumba, gida biyu a tsibirin, mai lif, ana iya sokewa. Na ba da zuwa Lahadi a turo kafin alƙalami, shida sun turo, 'yan Ingila sun ce sai sun samu ranar ganawa, shi kuma mai son a je Hel ɗin har yanzu shiru, shi ne ya fi kowa surutu a guruf. Mai Fiktion na 4 ne alhamdulillah. Kawu in ba damuwa zan shigo ta akwatin sirri mu yi musayar lamba. Me za mu riƙo muku?

Kawu_Gdynia

Shigo ƙanina. Kuka da daddawa daga shagon 'yan Afirka na Berlin, in da yajin ƙuli a haɗa, nan sai na je Warsaw nake samun mai kyau. Amma ka gaya wa 'yan Ingila kar su sako kilishi a jaka, an hana shigo da nama daga can, ƙwacewa za a yi a filin jirgi. Juma'ar ina sahun gaba ta hannun dama, mai hula zanna, ba za ku ɓata ba don ni kaɗai ne mai ita.